Dutsen da ke ƙofar gidanmu

A cikin birni ba a kwatance da lambar gida. Idan baƙo ya tambaye ka hanya, cewa za ka yi ya bi ta gindin kuka, ya karya dama a bakin kududdufi, alhali kukar an sare ta tun ban san kaina ba, kududdufin kuma an cike shi an jera shaguna a kai. Mu 'yan Dala mun saba da haka. Muna da ƙofofi tsaye su kaɗai, ganuwar da ke riƙe da su ta zube, mutane na wucewa ta gefe, amma wani tsohon sai ya bi ta cikin ƙofar hankalinsa zai kwanta. Muna da Dandalin Turawa, wanda Turawansa Larabawa ne, 'yan kasuwar da suka ƙetaro hamada. Jakara da kakanni ke ba da labarin fadamarta da duhun itatuwanta, yau titi ne ya hau kanta.

Alamar lungunmu kuwa ta daɗe tana nan inda take. Wani baƙin dutse ne, faffaɗa, tsayinsa ya kai gwiwar babba, a zaune daidai tsakanin ƙofar gidanmu da ta maƙwabcinmu. Samansa ya yi santsi don yawan zama. Saboda shi adaidaita ba ta shiga lungun, sai dai ta sauke ka a baki ka ƙarasa da ƙafa. Ni tela ne, shagona yana cikin soron gidanmu, kullum ina taka keke ina kallonsa.

Mutum biyu ne suka mallaki tarihin dutsen nan, kuma ba su taɓa jituwa a kansa ba. Na farko mahaifina, Baba, maƙeri ɗan maƙera, wanda raunin ido ya sa ya ajiye guduma. Na biyu maƙwabcinmu, amininsa tun suna makarantar allo, tsohon ɗan kasuwar goro da muke kira Baffa. Baba ya ce dutsen ragowar tama ne da maƙeran farko suka narka a gindin Dala, tun kafin a zagaye gari da ganuwa. Baffa ya ce ko kusa, dutsen hawa ne, a kansa madugu yake taka ƙafa ya hau doki idan ayari zai tashi zuwa Gwanja sayen goro.

"Malam, kai komai ka gani baƙi sai ka ce na maƙera ne," in ji Baffa.

"Alhaji, ƙwanƙwasa ka ji. Dutsen banza yana irin wannan amo?"

Sai Baffa ya buga da sandarsa, dutsen ya yi wani ƙara mai zurfi, kowannensu ya ce ai ga shaida nan. Bayan la'asar suke wannan, a kan tabarma ɗaya, suna cin goro ɗaya. Mahaifiyata, Inna, ba ta shiga musun. Nata dai shi ne kada yaro ya yi tsalle a kansa, kada a zuba ruwan zafi kusa da shi ba bisimilla. Haka ta tarar surukarta na faɗa, ba ta kuma tambayi dalili ba.

Wata damina ruwa ya yi mana ɓarna a unguwa, katangu suka jiƙa, wasu suka zube. Da rani ya shigo sai aka kawo aikin lambatu. Injiniyan wani matashi ne mai ladabi, ya zo ya durƙusa ya gaida tsofaffin, sannan ya ce hanyar ruwa ta ƙarƙashin dutsen za ta bi, don haka gobe za a kawo masu fasa shi.

Ban taɓa ganin Baba da Baffa sun miƙe tare da sauri irin na ranar ba.

"A fasa me?" in ji Baba.

"Yaro, ka san abin da kake nunawa da takalmi kuwa?" in ji Baffa.

Injiniya ya janye ƙafarsa, ya ce, "Baba, ku yi haƙuri. To mene ne shi?"

Nan suka soma ba shi amsa a lokaci guda, wannan na maƙera, wancan na madugu, har bawan Allah ya rasa wanda zai kalla. Sai da aka kira mai unguwa. Shi kuwa ya san su sarai, bai tambayi tarihi ba. Ya ce ba za a fasa ba, ba kuma za a hana aiki ba. A ɗaga shi a matsar gefe, lambatu ya wuce.

Washegari da hantsi aka kawo 'yan dako daga kasuwar Kurmi, ƙarti masu ƙwanji, da ƙarafa da igiyoyi. Na bar keke na fito. Lungu ya cika, mata suna leƙe ta soraye, yara an kora su sun hau katanga. Baba ya tsaya yana gaya wa 'yan dakon su shirya, nauyin ƙarfe za su ji. Baffa ya ce su duba gefe da kyau, za su ga inda ake ɗaure linzami. Aka haƙe ƙasar da ke kewaye, aka cusa ƙarafa, babbansu ya ba da murya, suka danna gaba ɗaya. Dutsen ya motsa, ya ɗago, suka ja shi da igiya ya kwanta a gefe.

Abin da na fara ji wata iska ce mai sanyi da warin laka ta bugi ƙafafuna. A gurbin dutsen akwai ruɓaɓɓun azara a jere, baƙi ƙirin. Ɗaya daga cikin 'yan dakon ya taɓa da ƙarfe, azarar ta karye ta faɗa ciki. Muka kasa kunne. Can sai muka ji ta faɗa ruwa.

"Rijiya ce!" wani ya yi ihu. Kowa ya ja da baya, ana salati. Mai unguwa ya sa aka yi da'ira aka hana matsowa. Na ɗauko fitila a shago, muka ɗaura mata igiya muka zura. Rijiya ce sosai, zagayayyiya, an jera mata duwatsu tun daga baki har inda haske ya kai, ruwa na ƙyalli a ƙasa. Sai na tuna yadda muke dira a kan dutsen nan muna yara a bayan idon Inna, da yadda nake zaunar da 'yata a kai in ɗaura mata takalmi.

Na juya na dubi tsofaffin. Baba yana shafa gemu, Baffa ya dogara da sanda yana kallon ramin. Na ɗauka yau musu ya ƙare. Sai Baffa ya yi gyaran murya.

"To, Malam, ka gani. Ina madugu yake tara ayari in ba inda ruwa yake ba?"

"Ayari?" in ji Baba. "Ka taɓa ganin maƙera babu ruwa a kusa? Da me za a kashe ƙarfe?"

Lungu ya kwashe da dariya, har injiniya sai da ya riƙe ciki. Inna daga cikin soro ta ce, ba tare da ta ɗaga murya ba, ita dai ta gode Allah da ba ta bar 'ya'yanta suna tsalle a kai ba.

Injiniya ya so a cike ramin da ƙasa a wuce, ya ce shi ne mafi sauƙi, kuma ya fi aminci ga yara. A nan Baba ya tsaya kai da fata. Ya ce unguwar da famfo ke yin makonni bai kawo ruwa ba, ba za ta binne ruwan da Allah ya tono mata ba. Baffa ya mara masa baya, ya ce shi zai nemo masu yasar rijiya, ya san wasu a unguwar Sheshe. Mai unguwa ya ce a gwada, in ruwan ya yi kyau a bar ta, in bai yi ba a rufe. Injiniya ya koma ya duba awonsa, ya dawo ya ce zai karkatar da lambatun ya zagaye ta. Har yau in ka shigo lungunmu za ka ga lambatu ya miƙe sambal, ya yi wani lanƙwasa kamar ya tuna mantuwa, sannan ya ci gaba.

Masu yasa suka yi kwanaki suna fito da baƙar laka. A cikinta aka tsinci fasassun tuluna, da kuɗin wuri, da wata munduwa mai nauyi da ta yi kore. Babu linzami, babu guduma. Baba ya wanke munduwar, ya juya ta a hannu, ya kai ta kusa da idonsa, ya ce aikin hannu ne mai kyau, irin wanda ba a yi yanzu. Baffa ya ce daga nesa aka kawo ta. Wace ce mai ita, yadda ta faɗa, wanda ya haƙa rijiyar, da abin da ya sa aka rufe ta, babu wanda ya sani. Mun tambayi tsofaffin unguwa kaf, har wata tsohuwa da ba ta fita, ta ce ita ma da dutsen ta buɗi ido. Wasu suka ce annoba aka yi aka rufe, wasu suka ce wani ne ya faɗa. Ni ban ɗauki ko ɗaya ba, don masu faɗar ma a ranar suka fara jin kansu suna faɗa.

Da ruwa ya kwanta aka ɗebi kaɗan aka kai a duba. Aka ce kada a sha, masai sun yi yawa a kewaye, amma ya yi wanki da gini da wanke tsakar gida. Baba ya ɗan ji ba daɗi, don ya ci burin ya sha. Baffa ya ce masa, "Malam, ai ko wanki aka samu an rage wa mata wahala." Aka ɗaga mata baki da siminti, aka sa murfin ƙarfe da kwaɗo saboda yara. Dutsen kuma aka jingine shi jikin katangar Baffa, bayan an yi doguwar muhawara a kan katangar wa ta fi cancanta.

Saura mukulli. Baba ya ce rijiyar ta fi kusa da ƙofarmu, Baffa ya ce shi ya kawo masu yasa. Mai unguwa ya dube su, ya dube ni, ya miƙo min. Ya ce tela ba ya zuwa ko'ina.

Na kafa ƙusa a jikin ƙyauren shago na rataye shi. Lokacin zafi, in famfo ya ɗauke, tun da safe ake fara sallama, mata da 'yan mata da bokitai, har daga lungunan da ban san suna jin labarinmu ba. Ina tsakiyar yanka yadi sai in ji, "Malam tela, a taimaka da mukulli." Nakan ajiye almakashi in miƙa, in ce a rufe in an gama.