Ƙara biyar a kan garka ɗaya

A shekarun farko bayan samun ƴancin kai aka turo ni Yamai aikin alƙalanci. Turawan da ke gidan shari'a suna tafiya ɗaya bayan ɗaya, mu ƴan ƙasa muna karɓar kujerunsu tare da ƙararrakin da suka bari. Cikin waɗanda na gada akwai na wasu surukai biyu: maɗinki ɗan Maradi, da matuƙin kamiyo, babbar motar ɗaukar kaya, ɗan Tawa wanda ke auren ƙanwarsa.

Garka ce, wato lambu, ta haɗa su, a Lamorde, ƙetaren kogi. Maigari ya ba su fili tare, suka raba da baki, ba shinge. Da aka ɓata, maɗinki ya kai ƙara a kan iyaka. Matuƙi ya rama da ƙarar rijiya. Sai ta itacen mangwaro da aka sare, sai ta hanyar da aka toshe da ƙaya, sai ta awakin da suka cinye ganyen salati, wato latas. Uku suna hannuna, biyu suna wurin abokin aikina, kowace da ranarta. Shaidu kuwa su ne dai, tsofaffin manoma da ake ta ƙetaro da su kogi har sun fara ƙin zuwa.

Na samu shugaban gidan shari'a na ce masa in aka ci gaba haka, zan iya ba maɗinki rijiya yau, gobe abokina ya ba matuƙi ƙasar da rijiyar take ciki. Ya ce, "To, ɗauki duka. Amma in suka ɗaukaka ƙara, kai za ka kare hukuncinka." Na ce na yarda.

Da na kira su na faɗa musu an haɗe ƙararrakin wuri guda, sai matuƙi ya miƙe.

"Ranka ya daɗe, ƙarata daban, tasa daban. In ya kayar da ni a ɗaya, ai ina da sauran."

Na ce, "Malam, ba a rage maka ko ɗaya ba. Kowace za ta samu amsarta. Sai dai ba zan iya cewa awakinka sun shiga garkar wani ba, ban san inda garkar ta tsaya ba. Iyaka za mu fara, sauran su jira ta."

Ya juya ga surukinsa ya ce, "Yaya, kai ka shirya wannan?"

Maɗinki ya ce, "Ni ma yanzu nake ji."

Lokacin ba gada. Muka shiga bak, jirgin da ke ƙetarar da mutane da motoci, ni da dattawa biyu masana al'ada da ke zama tare da ni a shari'ar ƙasa. Maigari ya zo da kansa, ya taka layin da ya nuna musu tun farko, daga gindin tsamiya zuwa bakin ruwa. Shaidu suka yi magana sau ɗaya, a gaban kowa, a kan ƙasar da ake gardama.

Daga nan sauran suka warware da sauƙi. Rijiya ta faɗa ɓangaren maɗinki, amma tare suka gina ta, don haka matuƙi zai ci gaba da ɗibar ruwa, kuma dole a kwashe ƙayar da ke hanya. Mangwaro na matuƙi ne, an sare shi ba bisa haƙƙi ba. Maɗinki zai dasa masa wasu. Awaki kuwa sun yi ɓarna a ƙasar da ba ta ubangijinsu ba, don haka matuƙi zai biya. Na karanta hukunci guda mai sassa biyar, da Faransanci, sannan na maimaita da Hausa.

Matuƙi ya ɗaukaka ƙara, aka tabbatar da abin da na yanke. Ba su shirya nan da nan ba, na ji sun daɗe ba sa gaisawa. Amma ba wanda ya sake shigar da wani, kuma a damina ta gaba kowa ya yi shingensa a kan layin maigari.